Indiya: Makomar ƙarar gida ko gona idan mai shari'a ya rasu

A ƙasar Indiya, inda shari'ar fili kan ci shekaru gommai ba a kammala ba, kwanaki 90 kacal doka ta bai wa magada su maye gurbin mamacinsu a gaban kotu, in kuwa ba haka ba ƙarar da ya ɗaukaka ta faɗi.

A ranar 9 ga watan Nuwamban shekara ta 2019 ne Kotun Ƙolin Indiya ta yanke hukunci na ƙarshe a shari'ar nan ta filin masallacin Babri da ke garin Ayodhya, to amma mutanen da suka soma shari'ar ba su ga wannan rana ba. Gopal Singh Visharad, mabiyin addinin Hindu da ya shigar da ƙararsa a watan Janairun 1950, ya mutu tun a shekarar 1986. Shi kuma Hashim Ansari, ɗaya daga cikin Musulmin da suka shigar da tasu ƙarar a shekarar 1961, Allah ya yi masa rasuwa a watan Yulin 2016, bayan ya share fiye da shekaru 50 yana zirga-zirga a kotuna. 'Ya'yansu ne suka tsaya a madadinsu har zuwa ranar hukunci.

Shari'ar Ayodhya dai duniya ta zuba mata ido, kuma kowane ɓangare na da manyan lauyoyi, saboda haka mutuwar masu ƙara ba ta tsayar da ita ba. Lamarin ya sha bamban ga talakan da ke shari'a a kan gonar gado ko gidan da ya saya. Sau tari irin wannan ƙara takan mutu ne shiru a cikin fayil, ba tare da wani alƙali ya duba wanda ke da gaskiya ba, don kawai wani daga cikin masu shari'ar ya rasu kuma ba a shigar da magadansa a kan lokaci ba.

Matsalar kuwa ba ƙarama ba ce. A shekarar 2023 gwamnatin Indiya ta shaida wa majalisar dokokin ƙasar cewa yawan shari'o'in da ke jiran hukunci a kotuna ya zarce miliyan 50. Kazalika wani binciken da ƙungiyar Daksh ta fitar a shekarar 2016 ya nuna cewa kusan kashi biyu bisa uku na ƙararrakin da ba na laifi ba, wato na madaniyya, sun shafi filaye ne da kadarori. A inda shari'a ke bi ta kotun farko, da kotun ɗaukaka ƙara, da Babbar Kotun jiha, kana Kotun Ƙoli, da wuya a kai ƙarshe ba a yi rashin wani ba.

Haƙƙi ba ya bin mamaci kabari

Abin da za a fara fahimta shi ne cewa mutuwa ita kaɗai ba ta kashe ƙara. Kundin ƙa'idojin shari'ar madaniyya da Turawan mulkin mallaka na Ingila suka kafa a shekarar 1908, wanda har yanzu Indiya ke aiki da shi bayan gyare-gyare, ya ware babi na 22 musamman domin wannan batu. Ƙa'ida ta farko a babin ta nuna cewa muddin haƙƙin da ake nema yana nan bayan mutuwar mai shi, to ƙara na nan daram.

Akwai haƙƙoƙin da ke manne da mutum shi kansa, waɗanda kan ƙare da ƙarewar numfashinsa. Dokar gado ta Indiya ta shekarar 1925 ta ambaci ƙarar ɓata suna da ta cin zarafi da ta raunin da bai kai ga kisa ba a cikin wannan rukuni. Amma gida da gona da kanti da bashi dukiya ce, ita kuwa dukiya ana gadonta. Don haka da'awar mallakar fili takan koma hannun magada kamar yadda shi kansa filin zai koma.

To sai dai kotu ba ta yanke wa mamaci hukunci, ba ta kuma yanke hukunci dominsa. Dole a sami rayayyen da zai tsaya a gurbinsa, a rubuta sunansa a takardun shari'a. Wannan shi ne wanda doka ta kira wakilin mamaci, kuma ma'anarsa ta fi ta magaji faɗi. Ta haɗa da 'ya'ya da mata da sauran magada, da wanda aka yi wa wasiyyar kula da dukiya, har ma da wanda ya sa hannu a dukiyar mamaci yana juya ta ba tare da an ba shi izini ba. Idan aka yi jayayya a kan wane ne wakilin, kotun ce ke warwarewa kafin a ci gaba.

Kwanaki 90, sannan 60

A nan ne gizo ke saƙar. Dokar ƙayyade wa'adin shigar da ƙara ta shekarar 1963 ta ba da kwanaki 90 domin neman a shigar da wakilan mamaci, kuma lissafin yana farawa ne daga ranar mutuwa, ba daga ranar da aka sami labarinta ba. Idan mai ɗaukaka ƙara ne ya rasu, magadansa ne za su nemi a shigar da su. Idan kuwa wanda aka ɗaukaka ƙarar a kansa ne ya rasu, to alhakin nemo magadansa da shigar da su yana wuyan abokin shari'arsa, wato mai ɗaukaka ƙarar.

Da zarar kwanaki 90 ɗin sun cika ba a yi komai ba, ƙarar ta faɗi da kanta. Ba a bukatar alƙali ya zauna ya furta hakan. Wannan ne ya bambanta faɗuwar ƙara da korar ƙara, domin ita kora umarni ne na kotu, faɗuwa kuwa aikin doka ne da kalanda.

Bayan haka akwai ƙarin kwanaki 60 da mutum zai iya roƙon kotu ta soke faɗuwar, bisa sharaɗin ya nuna ƙwaƙƙwaran dalilin da ya hana shi motsawa a kan lokaci. Idan su ma waɗannan suka wuce, wato an haura kwanaki 150 ke nan, ƙofar da ta rage ita ce sashe na 5 na dokar ta 1963, wanda ya bai wa alƙali ikon yafe jinkiri idan ya gamsu da uzurin da aka kawo. A watan Fabrairun 2025 Kotun Ƙoli ta sake fayyace wannan jerin matakai uku, a wata shari'ar ciniki daga jihar Uttar Pradesh da aka soma tun cikin shekarun 1970.

Alal misali, a ɗauka wani magidanci Musulmi ya sha kaye a kotun farko a kan gidan da yake zaune, ya ɗaukaka ƙara, sai ya rasu ranar 1 ga watan Janairu. Wa'adin farko zai cika ne a farkon watan Afrilu, a daidai lokacin da matarsa ba ta ma fita takaba ba, tun da ita wata huɗu ce da kwana goma. Wa'adi na biyu kuma zai cika a ƙarshen watan Mayu. Idan iyalinsa ba su san inda takardun shari'ar suke ba, ko ma ba su san sunan lauyansa ba, duka wa'adodin biyu na iya wucewa suna ta fama da zaman makoki da maganar rabon gado.

Abin da faɗuwar kan haifar a matakin ɗaukaka ƙara mai nauyi ne ƙwarai. Hukuncin ƙaramar kotu, wanda dama shi ake ƙalubalanta, sai ya tabbata. Bugu da ƙari doka ta hana a sake shigar da sabuwar ƙara a kan dalilin nan guda. A misalin da ya gabata, wanda ya yi nasara a kotun farko na iya neman a zartar da hukunci a fitar da marayu daga gidan, ko da kuwa hujjojin mahaifinsu sun fi ƙarfi.

Doka ta keɓe wasu wurare da faɗuwa ba ta aiki. Idan an kammala sauraron ɓangarorin biyu, sai mutum ya rasu kafin ranar karanta hukunci, to hukuncin yana nan da ƙarfinsa tamkar yana raye aka yanke shi. Haka nan ba ta shafi matakin zartar da hukunci ba. Sannan idan dama dukkan magadan mamacin suna cikin shari'ar a matsayin masu ƙara ko waɗanda ake ƙara, abin da ake bukata kawai shi ne a rubuta rasuwar a fayil a ci gaba.

Mutuwar mutum ɗaya, asarar kowa

Ɓangaren da ya fi cin rai a shari'o'in kadarori shi ne na mallakar haɗin gwiwa. Yawanci 'yan'uwa da dama ne ke tsayawa a ɓangare guda a kan gona ɗaya. To idan ɗayansu ya rasu, ba a shigar da magadansa ba, shin ƙarar ta faɗi ne a kansa shi kaɗai, ko kuwa ta faɗi baki ɗaya?

Hukuncin da ake komawa gare shi a wannan batu shi ne wanda Kotun Ƙoli ta yanke a shekarar 1961, a ƙarar da gwamnatin jihar Punjab ta ɗaukaka. Gwamnati ce ta karɓi filin wasu 'yan'uwa biyu domin amfanin soja a zamanin yaƙin duniya na biyu. Suka ƙi amincewa da diyyar da aka yi musu tayi, mai sasantawa ya yanke musu abin da ya fi haka, su biyun a haɗe. Gwamnati ta ɗaukaka ƙara zuwa Babbar Kotu, ana cikin haka ɗaya daga cikin 'yan'uwan ya mutu, ita kuma ba ta shigar da magadansa a cikin wa'adi ba.

Gwamnatin ta nemi a ci gaba da shari'a a kan ɗan'uwan da ke raye, amma Kotun Ƙoli ta ƙi. Hujjarta ita ce hukuncin diyyar guda ɗaya ne da ba ya rabuwa. Ya riga ya tabbata ga magadan mamacin, don haka idan aka rage diyyar a kan rayayyen, za a wayi gari da hukunci biyu masu karo da juna a kan fili ɗaya. Kotu kuwa ba za ta ce fili guda yana da farashi biyu, ko kuma yana da mamallaka biyu da kowannensu ke kore ɗan'uwansa ba. Ta haka ɗaukacin ƙarar gwamnati ta rushe.

Wannan ma'auni na kauce wa hukunce-hukunce masu cin karo da juna shi ne ake amfani da shi har yau. A shari'ar neman mallakar gida na haɗin gwiwa, ko ta rabon gado, ko ta tilasta cika alkawarin ciniki, sakacin da aka yi a kan mamaci ɗaya na iya janyo wa sauran 'yan'uwansa rayayyu asarar ƙarar dungurungum.

To amma da tafiya ta yi nisa sai aka lura cewa wasu kotuna na amfani da wannan hukunci a inda bai dace ba. A watan Disamban 2002 wani zama na alƙalai biyar na Kotun Ƙoli ya duba wata shari'ar diyyar filaye a birnin Delhi, inda ɗimbin masu da'awa suka haɗu a ƙara ɗaya, wasunsu suka mutu a tsawon shekarun jira, Babbar Kotu kuma ta ce ƙarar kowa ta faɗi. Alƙalan biyar suka soke wannan mataki. Sun yi bayanin cewa idan kowane mutum na da kasonsa sananne mai zaman kansa, kuma don sauƙi ne kawai aka haɗa su a takarda ɗaya, to a haƙiƙa hukunce-hukunce ne da dama a cikin riga ɗaya. Faɗuwar ƙarar mamaci a irin wannan hali ba ta taɓa ta rayayyu. Sun kuma tunatar da cewa an kafa ƙa'idojin kotu ne domin su yi wa adalci hidima, ba domin su toshe hanyarsa ba.

Yawan magada

Wani abin da ke ƙara dagula al'amarin shi ne yawan waɗanda za a nemo. Musulmin Indiya, waɗanda ƙidayar shekarar 2011 ta nuna sun kai kimanin miliyan 172, ana raba gadonsu ne bisa shari'ar Musulunci a ƙarƙashin wata doka ta shekarar 1937. Da zarar mutum ya cika, kowane magaji, mace ko namiji, ya mallaki kasonsa. A ɓangaren mabiya Hindu kuwa, gyaran da aka yi wa dokar gadonsu a shekarar 2005 ya bai wa 'ya'ya mata haƙƙi daidai da na maza a dukiyar kakanni. Ke nan mamaci guda na iya barin magada goma ko fiye, wasu sun yi aure a wata jiha, wasu na ci-rani a ƙasashen Larabawa na yankin Gulf, wani ma a cikinsu ya rasu ya bar nasa magadan.

A nan kotuna sun yi sassauci tun da wuri. A tsakiyar shekarun 1960 Kotun Ƙoli ta tsayar da cewa idan mai ɗaukaka ƙara ya yi bincike da zuciya ɗaya ya shigar da magadan da ya iya ganowa a cikin wa'adi, to dukiyar mamaci ta sami wakilci, kuma ƙara ba za ta faɗi don an tsallake wani magaji bisa kuskure ba. Ana iya ƙara sunansa daga baya.

Wane uzuri ake karɓa?

A farkon shekarun 1960 matsayin Kotun Ƙoli mai tsauri ne: faɗin cewa ban sami labarin mutuwar ba bai wadatar ba, sai mutum ya bayyana abin da ya hana shi sani. Majalisar dokoki ta sassauta wannan a gyaran shekarar 1976. Ta ɗora wa lauya wajibcin sanar da kotu idan ya sami labarin rasuwar wanda yake karewa, kotu kuma ta sanar da ɗaya ɓangaren. Ta kuma umarci alƙalai su yi la'akari da rashin sanin mutuwar idan an tabbatar da shi. Har ila yau ta ba su ikon ɗauke wa mai ƙara nauyin nemo magadan mutumin da tun asali bai taɓa zuwa ya kare kansa ba.

A shekarar 2008, a wata shari'a daga jihar Kerala, Kotun Ƙoli ta bayyana wani bambanci mai muhimmanci. A ƙaramar kotu ana ɗage zama ne zuwa rana sananniya, masu shari'a na haɗuwa a kai a kai, don haka labarin mutuwa ba ya ɓuya. A Babbar Kotu kuwa ana iya karɓar ƙara a ajiye ta shekara da shekaru ba a sa mata rana ba, kuma ba a tsammanin mai ɗaukaka ƙara ya riƙa leƙa gidan abokin shari'arsa don ya ga ko yana da rai. A irin wannan yanayi ya kamata a karɓi uzurinsa.

Sai dai sassaucin na da iyaka. A shekarar 2010, a wata ƙarar tashin ɗan haya, kotun ta ƙi yafe wa magadan wani mai gida jinkirin kwanaki 778, domin ba ta gamsu da cewa ba su san da shari'ar mahaifinsu ba, kuma bayanan da suka gabatar ba su yi daidai da gaskiya ba. Ta yi nuni da cewa shi ma ɗaya ɓangaren ya sami haƙƙi da faɗuwar ƙarar, kuma ba a ƙwace wa mutum haƙƙinsa don a rufa wa mai sakaci asiri. Abin da alƙalai ke dubawa ke nan shi ne gaskiyar uzuri, ba tsawon jinkiri kaɗai ba.

Maƙwabciyar Indiya, wato Pakistan, wadda ta gaji wannan kundi na 1908, ta bi wata hanya dabam. A gyaran dokokin da ta yi a shekarar 1972 ta kawar da faɗuwar ƙara saboda mutuwa. A maimakon haka ta wajabta wa masu shari'a su gabatar da jerin sunayen magadansu tun a farkon ƙara, kotu kuma na iya ci gaba da shari'a ko da ba a nemi maye gurbin mamaci ba.

A Najeriya fa?

Najeriya ma ta gaji tsarin shari'ar Ingila, don haka tushen guda ne. Kotunanta sun sha nanata cewa mamaci ba ya ƙara kuma ba a ƙararsa, kuma takardar ɗaukaka ƙarar da aka shigar da sunan wanda ya riga ya rasu ba ta da inganci. Ƙarar fili kuwa tana cikin waɗanda ba sa mutuwa da mutuwar mai su. Ƙa'idojin Kotun Ɗaukaka Ƙara sun ɗora wa lauya alhakin sanar da magatakardar kotu da sauran ɓangarori rasuwar wanda yake wakilta ba tare da ɓata lokaci ba, sun kuma bai wa kotu ikon maye gurbinsa da wanda ya dace. A kotunan shari'ar Musulunci na arewacin ƙasar, waɗanda ke bin mazhabar Malikiyya, wanda ya zo neman haƙƙin mamaci sai ya fara tabbatar da mutuwar, da adadin magada, da dangantakarsa da mamacin.

Hausawa kan ce shari'a mace ce mai ciki, ba a san abin da za ta haifa ba. Abin da dokar Indiya ke nunawa shi ne cewa ƙara na iya ɓarewa tun kafin ta kai ga haihuwa. Dattijon da ke shari'a a kan gida ko gona, ya kamata iyalinsa su san kotun da ake yi, da lambar ƙarar, da sunan lauyansa tun yana raye. Idan kuma ta Allah ta kasance, to karɓo takardar shaidar mutuwa da kai wa lauya jerin sunayen magada na daga cikin abubuwan da ba a jira sai an gama rabon gado kafin a yi su.